Ashanar hannu da ɗakin tazarar haihuwa na asibitin ƙauyenmu, daga sawa har cirewa

Tun da mata suka ji na cire ashanar hannuna, wato ɗan tsinken tazarar haihuwa da ake sawa ƙarƙashin fatar damtse, nake shan tambaya, a gidan suna, a wajen niƙa, har wata ta kama damtsena a gidan biki tana latsawa wai tana so taji ko da gaske babu komai. To na gaji da maimaita magana ɗaya, shi yasa nace bari in zauna in rubuta gaba ɗaya tun daga ranar da aka sa min har ranar da aka cire, wadda ta iya karatu ta karanta wa wadda bata iya ba. Bazan faɗi sunan garinmu ko na asibitin ba, ƙauye ne dai a kudancin Katsina, ƙasar masara da dawa da waken suya, asibitin kuma irin ƙaramin nan ne na gwamnati da ake awo da rigakafi.

Ni ba rage 'ya'ya naje yi ba, wannan in fara faɗa tun kafin masu wa'azi a kasan rubutu su taso min. Hutu naje nema. An min aure ina sha bakwai, cikin shekara takwas na haihu biyar, ɗaya ya koma, kuma biyun ƙarshe kwanika nayi, wato ina goyon ɗan wata bakwai sai ga ciki, nono ya janye, yaron ya dinga zawo yana ramewa har ƙafarsa ta fara kumbura muka shiga layin karɓar abincin tamowa duk sati. Wadda bata taɓa zama a layin nan da ciki a gaba da goyo a baya ba, ana saka wa ɗanta igiyar awo a damtse tana nuna ja, bazata gane abinda nake nufi da hutu ba.

Sai kuma maganar gona. Surukina Allah ya jiƙansa gandu ɗaya yake nomawa da 'ya'yansa, gona ce da in ka tsaya a wannan bakin baka hango wancan bakin, da ya rasu aka raba tsakanin maza tara da mata shida da matan aure, abinda ya faɗo wa Malam ɗina in ka jefa dutse da ƙarfi sai ya faɗa gonar ƙaninsa. Gonakin nesa na cikin daji kuwa ba mai zuwa yanzu saboda 'yan bindiga, kowa ya dawo ya matsu a na bakin gari. Ƙasar ta gaji, babu hutawa babu sauya wuri kamar da, masara kuma in baka bata taki ba kallonka kawai take yi. Rumbunmu da kyar yake kaiwa watan bakwai. Malam yana tafiya cirani da rani ya dawo da ruwan farko. Kuma ba mu kaɗai bane, gari ne gaba ɗaya ya cika, inda muke kiwon awaki muna yara yanzu gidaje ne. Ƙidayar 1963 mutum wajen miliyan 55 ta samu a Najeriya, ta 2006 ta samu miliyan 140, tun daga nan ba a sake ƙirga mu ba amma kowa ya san mun haura miliyan 200, gonar dai ita ce wadda kakanni suka bari bata ƙaru da taku ɗaya ba. Binciken lafiya na ƙasa da aka yi a 2018 ma ya nuna jiharmu ce kan gaba a haihuwa, mace ɗaya 'ya'ya 7.3 in aka raba, Legas kuma 3.4.

Amma fa 'yan birni masu cewa mutanen ƙauye suna haihuwa babu lissafi, ku yi haƙuri baku san komai ba. Lissafi ne ma yasa ake haihuwar. Waye zai yi maka noman farko da maimai in baka da kuɗin 'yan ƙwadago, waye zai kori tsuntsu, waye zai kai shanu kiwo ya ɗebo ruwa, in ka tsufa waye fanshonka? Kuma yaran ba duka suke tsayawa ba, a binciken nan dai yaro 132 cikin 1,000 basa kai shekara biyar a ƙasar, a yankinmu ma abin yafi haka. Uwar da ta binne biyu ko uku kizo kice mata uku sun isa, kallon mahaukaciya zata miki. Shi yasa duk ma'aikaciyar da ta shigo gari da kalmar ƙayyade iyali ta gama kashe kasuwarta tun daga bakin ƙofa. Tazara dai, wannan kowa yana ganewa.

Malam bai ba ni wahala ba, shi da yake ɗaukar mu a babur zuwa layin tamowa ya gani da idonsa, cewa kawai yayi kar Inna mahaifiyarsa taji. Inna kuwa taji, a gidan yawa wane sirri. Ta kira ni ɗakinta tace ke yanzu kyautar Allah zaki toshe, mu da muka haifi goma sha me ya same mu. Nace Inna ku yi haƙuri, ku a zamaninku tsakanin Yaya babba da mai bi masa shekara nawa ne? Tayi shiru tace uku. Nace to Malam da mai bi masa fa? Uku. Don su in mace ta haihu gida take tafiya wanka, kuma ko ta dawo miji baya kusantarta sai ta yaye, mai kwanika har waƙa ake mata a gari don kunya. Yanzu wa yake wannan? Kwana arba'in an dawo da ke, wani ma baya bari a cika. Tazarar nan ba baƙuwa bace a wajenmu, hanyar ce kawai ta canza. Kuma Alƙur'ani da kansa ya ambaci shayarwa shekara biyu cikakku ga wanda yake so ya cika, sahabbai ma sun yi azalu, wato miji ya zubar a waje. Bata ce ta yarda ba, tace dai Allah ya kyauta, wanda a bakin Inna kusan izini ne.

To asibitin. Ɗaki huɗu ne da baranda, sola tana aiki in rana ta yi kyau, rijiyar burtsatse a tsakar gida wadda rabin shekara a lalace take. Abu na farko da ban so ba kuma har yau basu gyara ba, ƙofar ɗakin tazara tana kallon bencin da masu awo da masu rigakafi suke zama, ga wata ƙatuwar takarda an manna a jikin ƙofar da hoton mata da miji da yara biyu suna dariya. Duk wadda ta shiga an ganta, kafin ki isa gida labari ya riga ki. Na san mata aƙalla uku da suke tafiya asibitin wani gari suna biyan kuɗin babur ninki biyu don wannan ƙofar kawai. Da labule suka sa ko suka mayar da shiga ta baya da an wuce wajen, abin da ko dubu biyar bazai ci ba.

Malamar da na samu kuwa sai dai in ce Allah ya saka mata. Ba nas bace cikakkiya, irin ma'aikatan lafiyar al'umma ne, tun 2014 gwamnati ta yarda a koya musu saka ashana saboda nas da ungozoma basa isa ƙauye. Bahausa ce, ta girme ni, bata yi min kallon baƙauya ba. Ta zaunar dani tace 'yar uwa haihuwa nawa, goyon wata nawa, jini ya dawo, maigida ya sani? Nace ya sani yana waje kan babur. Ta auna hawan jini, ta ɗora ni a sikeli, ta ba ni ɗan kofi nayi fitsari aka gwada ciki. Sannan ta jawo wani faranti da komai a kai ta dinga ɗagawa ɗaya bayan ɗaya. Ƙwaya, kullum sai kin sha a lokaci ɗaya, nace Malama ni da nake manta inda na ajiye ludayi. Allura akwai ta wata biyu akwai ta wata uku, akwai ma wata ƙarama Sayana Press da ake koya miki ki dinga yi wa kanki a cinya ko a ciki a gida. Robar mahaifa tana kai shekara goma kuma babu sinadarin da yake taɓa jiki amma tace jinin al'ada yakan ƙaru, ni kuma gaskiya kunyar yadda ake sawa ta hana ni. Ashana iri biyu, Implanon tsinke ɗaya shekara uku, Jadelle tsinke biyu shekara biyar. Har shayarwa ta min bayani, tace tana hana ciki amma da sharaɗi uku, yaro bai kai wata shida ba, nono zalla yake sha ko ruwa babu, kuma jini bai dawo ba, ɗaya ya karye shikenan. Nan na gane yadda akai nayi kwanika, mu da ake ɗura wa jariri ruwa da rubutu tun ranar farko. Ta kuma tambaye ni ko ina shan maganin tarin fuka ko na farfaɗiya don wasunsu suna rage ƙarfin ashanar, wannan tambayar ku tabbata an muku.

Na zaɓi ta shekara uku. An ce kyauta ne, kuma gaskiya ita ashanar kyauta ce, tun 2011 gwamnatin tarayya ta cire kuɗi a kan kayan tazara a asibitocinta. Amma safar hannu da auduga da allurar kashe zafi da filasta da abin gwajin fitsari duk ke zaki saya, ni a lokacin, bayan kakar 2022, naira dubu ɗaya da ɗari biyar na bayar. Ban ga laifin Malamar ba don na ga kabad ɗin da idona babu komai, amma a daina shelar kyauta a rediyo mace ta taho hannu rabbana a mayar da ita gida.

Sawar kanta ba komai bace wallahi, tsoron yafi aikin. Na kwanta na ɗaga hannun hagu kamar mai jin barci, ta goge cikin damtse da wani ruwa mai sanyi, allurar kashe zafin ce kawai ta yi min kamar cizon tururuwa, sai naji kamar ana tura abu ƙarƙashin fata amma babu zafi, naji ƙas, tace an gama. Ko minti biyar ba a yi ba. Ta kama yatsana ta ɗora a wajen tace taɓa ki ji, ga shi nan kamar tsinken ashana, ki dinga taɓawa lokaci lokaci, ranar da kika nema kika rasa ki zo. Ta naɗe da bandeji, ta rubuta ranar cirewa a kati. Wajen yayi baƙi kamar na bugu da ƙofa sati ɗaya ya washe. Kwana uku na koma daka da surfe, ina jan guga, ina ɗaukar itace, babu inda ta tafi. Masu cewa tana yawo a jiki ta shige zuciya in kin yi aikin ƙarfi, ni shekara uku ina aikin ƙarfi tana nan inda aka ajiye ta. Malamar tace matsalar takan zo ne in an tura ta da zurfi tun wajen sawa, shi yasa ba kowane mai kemis ake miƙa wa hannu ba.

Yanzu ga inda zan rage musu maki da yawa, jini. Malamar ta faɗa min fa, bazan mata ƙarya ba, tace al'adarki zata iya canzawa. Amma a gurguje ta faɗa kamar abin wasa, ni kuma wata huɗu na farko ɗigo nake gani yau akwai gobe babu jibi ya dawo, wani lokaci kwana ashirin a jere. Ba zuba yake ba, ɗan kaɗan ne, amma ga mace musulma ɗan kaɗan ɗin nan shi ne komai, in yi sallah ko kar in yi, in yi wanka yau in sake gobe, azumi yana matsowa, Malam ya fara tsaki, Inna tana kallona da idon ai na faɗa miki. Babu wanda ya zaunar dani a asibiti yace ga yadda zaki yi da ibadarki. Sai malamar Islamiyyarmu ce ta warware min, tace ki duba kwanakin da kika saba ki ƙara uku matuƙar bai wuce sha biyar ba, abinda ya biyo baya jinin ciwo ne, ki yi wanka ki yi sallarki ki yi azuminki, mijinki ma halal ne. Kinga wannan maganar ta minti biyu da a ɗakin tazara ake faɗinta da mata da yawa basu cire tasu a wata na uku ba. Na san guda biyu da suka cire don wannan kaɗai, ɗaya cikinsu yanzu haka kwanika take. Na koma wajen Malama ta ba ni wasu ƙwayoyi na 'yan kwanaki ya lafa, daga wata na shida kuma sai ya ɗauke kusan gaba ɗaya, sai in yi wata uku ban gani ba. Nan ma mata suka ce jinin yana taruwa a ciki zai zama ƙari, Malamar asibiti tace babu abinda yake taruwa, mahaifar ce bata tara shi tun farko. Ciwon kai nayi shi sama sama a farko. Ƙiba kuwa na ɗan yi, amma ni ban san ko ashana bace ko kuwa karon farko ne tun aurena da jikina yake nawa ni kaɗai babu mai tsotsa babu mai shura.

Faccalata allurar wata uku tayi, kuma ga abinda ita ma ba a gaya mata da kyau ba, in kin daina allura ciki yakan yi jinkiri, ita sai da ta kusa shekara, har ta fara zuwa wajen masu magani tana kuka wai an kashe mata mahaifa. Yanzu tana goyon namiji. Ashana bata da wannan, ana cirewa kina iya ɗauka a watan, don haka wadda ta cire bata shirya ba ta san da wannan.

Shekara ukun nan me na samu? Autana ya sha nono wata ashirin da biyu, bai taɓa ganin layin tamowa ba. Na fara awara da waken da muke nomawa, na shiga adashi, na sayi tunkiya biyu yanzu sun zama biyar, babbar 'yata ta daina zama uwar goyo ta koma makaranta. Amma kar wata taji wannan ta ɗauka ashana maganin talauci ce, gonar Malam tana nan yadda take, taki ya ƙara tsada, rumbu har yanzu baya kai mu kaka. Abinda ta ba ni ƙarfin jiki ne da lokaci, sauran ni nayi da hannuna.

Cirewa kuwa, hmm. Sawa minti biyar, cirewa sai da nayi zuwa uku da tafiya ɗaya. Lokaci ya cika ƙarshen 2025 naje da katina, ashe an yi wa Malamata canjin wajen aiki, wadda aka kawo yarinya ce mai kirki amma tace ita an koya mata sawa, cirewa bata taɓa yi ita kaɗai ba, in dawo ranar da babbarsu take zuwa. Na dawo, babba bata zo ba hanya babu lafiya. Na sake dawowa, ta zo amma babu allurar kashe zafi babu reza. Kowane zuwa kuɗin babur ne, kuma tun da aka cire tallafin mai a 2023 kun san yadda 'yan acaba suka koma. A zaman jiran nan ne na ga mata suna zuwa neman ashana ana ce musu babu sai allura, wata tazo allurarta ta wata uku ance sai ta wata biyu ta rage. Ma'aikatan suna cewa tun da Amurka ta rufe hukumarta ta ba da agaji, USAID, a 2025 kaya suka yi ƙaranci, to ni dai abinda na gani kabad ne babu kaya, kuma mace da ta sha faɗa da miji da uwar miji kafin ta samu ta fito sau ɗaya, in kika ce mata dawo wani satin ba lallai ta sake fitowa ba.

Su mazan ma babu mai musu magana, duk bayanin mu ake yi wa alhali izinin yana hannunsu. Malam sau nawa yana kai ni, ko sau ɗaya ba a ce masa shigo ka ji ba, yana can gindin darbejiya yana danna waya. A Nijar can wajen Damagaram sun yi abinda suke kira makarantar mazaje, magidanta ne suke zama su tattauna awo da haihuwa a asibiti da tazara su kai maganar majalisa. Mu nan ko liman aka samu ya zauna da ma'aikatan sau ɗaya da an rage rabin rigimar.

In maki zan bayar cikin goma, ita ashanar takwas, na cire biyu don watannin jinin nan. Malamata ta farko tara. Asibitin kansa biyar, kuma don ina jin kunyarsu ne. Wadda zata je ta tafi da kuɗinta a ɗaure a bakin zani, ta zaɓi ranar da ba ta awo ba in tana gudun ido, kuma kafin ta miƙa hannu ta tambaya ƙarara, in lokaci yayi ko na gaji da ita waye zai cire min a nan, yana nan kullum?

Ƙarshe dai babban asibitin ƙaramar hukuma muka tafi, na biya dubu uku. Nas ɗin ta lalubo bakin tsinken ta danna ɗaya gefen ya taso, allura, ɗan tsagi kamar na sakiya, ta sa wani ɗan almakashi mai kama ta jawo, ya ɗan yi gardama don nama ya riƙe shi, sai gashi ya fito fari siriri ko tsawon ɗan yatsana bai kai ba. Nace Sista don Allah ki bani in tafi dashi. Tayi dariya tace me zaki yi dashi, ta wanke ta naɗe min a auduga. Da muka dawo na shiga gaida Inna na buɗe mata a tafin hannu, ta matso da fuska don idon ya yi rauni, ta juya shi da farce ta sake juyawa, tace wai wannan ɗan tsinken ne ya hana ni jika shekara uku? Nace shi ne Inna. Tace to ajiye min shi nan ƙarƙashin tabarma, matar ƙaninku tana shigowa anjima ina so in nuna mata.